Naman da Baba Bai Taɓa Ɗanɗanawa Ba

Gozaki,
6 ga Oktoba, 1981

Zuwa ga Yaya Ishaya,

Gaisuwa mai yawa cikin sunan Ubangiji. Ina fata kana lafiya, kai da matarmu Funmilayo da yara. Yaya sanyin Jos?

Maganar Baba ce. Tun da ɓarin jikinsa ya shanye, magana ta dawo masa, amma ci ya ƙi dawowa. Tuwo, kunu, farfesun kaza, duk sai ya juya fuska bango. Likita a Malumfashi ya ce magani ba ya aiki a cikin da babu komai.

Shekaranjiya ya faɗa mini abin da yake so. Ka tuna Bafaranshen nan mai sayen auduga da Baba ya yi wa kuku a Funtua? Akwai wani naman sa da yake yi masa, a shafe shi da masoro, a soya, a haɗa masa romo a cikin kaskon. Baba ya ce ya dafa shi ya fi a ƙirga, bai taɓa sa shi a baki ba, domin ana zuba masa burandi, shi kuwa ya rabu da giya tun ranar da aka yi masa baftisma. Yanzu yana so ya san abin da ya yi ta ba wani.

Na gwada ba tare da burandin ba. Na wanke naman, na tafasa shi kamar yadda marigayiya Inna ta koya mana, na soya ya yi ƙayau, na wanke kaskon tas kafin in haɗa romo. Baba ya duba, ya ce an kashe saniyar nan sau biyu. Ko loma bai yi ba.

Yaya, ka san Baba dattijon ikilisiya ne, ka kuma san hukuncin gidan da aka ga kwalba ta shiga. Amma ƙashin wuyansa duk ya fito. Ka ba ni shawara.

Ki gaishe da yara, Funmilayo, in kina leƙen takardar.

Ƙanwarka,
Dinatu

Gozaki,
24 ga Oktoba, 1981

Yaya Ishaya,

Gaisuwa da fatan kuna lafiya baki ɗaya. Amsarka ta iso, inda ka ce in bar maganar, sambatun ciwo ne. Ta same ni na riga na je Funtua.

Maiwada mahauci ya yanko mini tsokar gadon baya, kaurin yatsa biyu, yana tambaya ko yau ba a suya ne a gidan malamai. Burandin kuwa a kantin Okwudili na samu.

Na fito da Baba rumfa, yana ba da umarni da hannunsa mai lafiya. Kada ruwa ya taɓa naman, a goge shi da tsumma mai tsabta. A farfasa masoron a turmi, kada ya zama gari, a danna shi cikin naman da tafin hannu, da gishiri. Kaskon ƙarfe a kan gawayi sai ya fara hayaƙi, sannan man shanu, sannan nama. Hannuna na ta ƙaiƙayin juyawa, shi kuwa yana cewa in bar shi, ba ƙosai ba ne. Sau ɗaya aka juya, aka cire, aka rufe shi ya huta.

Da na zuba burandin, wuta ta tashi ta kusa kama rumfar. Na yi ihu, Baba ya yi dariya, ta farko tun damina. Ya sa na kankare ƙanzon da ludayi, ya ce wannan da na wanke rannan shi ne ran romon. Na zuba ruwan ƙashi da maiƙon saman madarar shanu, ya yi kauri.

Da na yanka, cikin naman jajawur yake. Baba ya cinye shi, ya suɗe romon da burodi. Sannan ya ce ashe hannunsa yana da daɗi haka, ba wanda ya gaya masa. Tun ranar yake cin tuwo.

Ga inda abin ya ɓaci. Mama Rahab, shugabar Zumuntar Mata, ta gan ni ina fitowa daga kantin, wuyan kwalba ya leƙo daga kwandona. Dattawa sun kira ni. Na ce wuta ce ta shanye giyar, Fasto ya ce ba ta shanye idon mutane ba. Suka tambaye ni kwalbar ta wa ce. Da na ambaci Baba, da an sauke shi daga dattawa an hana shi Jibin Ubangiji, gurasa da ƙoƙon da ake rabawa a coci, a wannan hali da yake ciki. Na ce tawa ce.

An sa ni horo sai bayan Kirsimeti. Ba waƙa, ba koyar da yara ranar Lahadi, zama a bencin baya. Iyayen wasu ɗalibaina sun daina amsa gaisuwata. Don Allah kada Baba ya ji.

Taka,
Dinatu

Gozaki,
9 ga Nuwamba, 1981

Yayana,

Ina gaishe ku duka, Allah ya sa mura ta saki ƙaramin.

Baba ya sani. Ba wanda ya gaya masa. Ya lura na daina bitar waƙa in ina wanke-wanke, ya matsa mini har na yi kuka.

Jiya Lahadi ce ta Jibi. Ya aika aka kira Mudi maƙwabcinmu, aka ɗora Baba a amalanke da kujerarsa, aka kai shi coci. Mutane suka tashi da murna, dattawa suka gyara masa wurinsa na gaba. Ya nuna bencin baya. Mudi ya ɗauka Baba bai gane ba, sai da Baba ya buga masa sanda a ƙafa. Aka ajiye shi kusa da ni, kusa da ƙofa, inda awaki ke leƙowa.

Da tiren Jibi ya zo, mai rabawa ya tsaya a gabansa ya rasa yadda zai yi. Baba ya ce, da muryar da kowa ya ji, yarinya dafawa kawai ta yi, shi ya ci, kuma ya suɗe kwano. Ya ce a wuce. Ban taɓa ganin tiren nan ya wuce Baba ba, Yaya. Mama Rahab ba ta ɗaga kai ba har aka tashi.

Abin da na yi ƙarya don in kare masa, shi ya ajiye da kansa. Dattawa ba su yanke komai ba tukuna, an ce sun rabu biyu. Ni dai ban san ko in yi murna ko in ji tsoro ba, domin kullum ina tunanin a wane benci mutuwa za ta same shi.

Ya ce in gaya maka ka bar shawara daga nesa, ka zo ka ɗanɗana naman nan na ubanka. In ka zo ranar Lahadi, kada ka neme mu a gaba. Bencin yana ɗaukar mutum uku.

Allah ya haɗa fuskokinmu.

Ƙanwarka,
Dinatu