Butar Malam Isiyaku da Kuka Sauya

Zuwa ga Shugaban kamfanin robar da mijina ya yi wa aiki,

Assalamu alaikum, ranka ya daɗe. Ina gaishe ka da aiki, ina gaida iyali. Sunana Hajiya Rabi, matar Malam Isiyaku na nan unguwar Sabo a Ibadan, wanda ya zana muku butar alwalar da ta fito da sunan kamfaninku. Na rubuto a fili ne don na gaji da zaman benci a ƙofar ofishinka ana ce mini ka fita.

Na farko, bari in gaya maka ko wane ne shi, tunda ka zo ne bayan ya bar aiki. Ya yi karatun zanen kayan masana'anta, amma abin da ya fi iyawa shi ne ragewa. Ina amarya ya dubi kwanukan jerena ya tambaye ni a wanne nake cin abinci, muka kwana biyu ba na kula shi. Kafin ya zana butar nan ya daɗe yana zama a bakin masallaci yana kallon tsofaffin fatake suna alwala. Ya ga murfi yana ɓata, ya haɗe shi da jikin butar. Ya ga ruwa yana ƙarewa kafin a kai ƙafa, ya matse bakinta. Ya ga wani mai goro mai hannu ɗaya yana kokawa da buta, sai ya baje gefe ɗaya na cikinta, yadda mutum zai jingina ta da gwiwa ya karkata ta ba ta gangare ba. Babu fure, babu zane, babu ko sunansa. Na yi mita a kan sunan, ya ce buta ba allon talla ba ce. Daga kasuwar Shasha har ta Bodija ita ce a kowace rumfa, direbobi suna kai ta Arewa tsaraba. Da wasu suka kwaikwaye ta, murna ya yi, ni ce na ji haushi.

Na biyu, kun daina yin ta. Sabuwar da kuka fitar tana da furanni da launi kala-kala kamar zanen biki, cikinta kuma ƙulu-ƙulu. An ce mini haka kasuwa take so. To, ku tambayi wanda ya taɓa alwala da ita.

Na uku, kuma shi ne ya hana ni sukuni. Malam ya samu shanyewar ɓarin jiki, hannun hagunsa ba ya motsi. Butarsa ta ƙarshe ita ce ta rufa masa asiri: da gwiwa da hannun dama yake alwala shi kaɗai. Ta tsage, mun liƙe da wuta, ta sake tsagewa. Na aika kasuwa-kasuwa, ba a samu irinta ba, har ta kwaikwayon ma ta bi sahun sabuwar taku. Na sayo sabuwar. Ya jingina ta da gwiwa, ta mirgine, ruwan ya jiƙe masa wando. Ya shafa furannin da yatsa, ya tura ta gefe. Yanzu ni nake zuba masa ruwa, yana kau da kai don kunya, ni kuma zuciyata tana ƙuna.

Na huɗu, wani tsohon ma'aikacinku ya shaida mini cewa ƙarfen da ake zuba robar butar a ciki yana bayan sito, an ware shi za a sayar wa 'yan gwangwan. In ya tafi, aikin rayuwar Malam ya tafi ke nan.

Roƙona kaɗan ne. Kada ku sayar da ƙarfen. In kuma dole ne, ku ɗora shi a inji sau ɗaya ku fitar da butar kafin a fasa shi, ko guda ɗaya ce zan zo in karɓa. Gaskiya ban sa rai ba, na rubuta ne don kada a ce ban faɗa ba.

Allah ya ƙara wa kamfaninka albarka, ya bar ka da hannuwanka biyu har ƙarshen rayuwarka. Jiya na fita karɓo wa Malam magani, na dawo na tarar da shi yana taimama a jikin bango, butarku cike da ruwa a gefensa.

Wassalam.

Hajiya Rabi, Sabo, Ibadan