Na goge muryar ƙanina don in sa sabon gem ɗin ƙwallo

Daga wani ɗan guruf, ya roƙi a sakaya sunansa.

Assalamu alaikum admin da sauran 'yan uwa na wannan gida. Don Allah ku ba ni shawara, kai kuma admin ka rufa min asiri kada sunana ya fito, akwai waɗanda suka san ni a nan, sunayen da zan ambata ma duk na canza su. Na daɗe ina karanta matsalolin mutane a guruf ɗin nan ina ba da shawara kamar wani babban mai hankali, yau ga ni da tawa, kuma idan kun ji kan abin da ta faru sai kun fara dariya kafin ku zage ni, don a kan gem ne.

Ni mutumin Kusada ne amma aiki ya zaunar da ni a Kankia, da safe ina koyarwa a firamare, da yamma kuma Islamiyya. Shekaruna talatin da bakwai, ina da mata da yara uku. Gidanmu gidan malamai ne, har yau mahaifinmu yana ba da karatu a zaure, ni ma Malam Ƙarami ake ce min a gida. Ina da ƙani, bari in kira shi Nura, sana'arsa haɗa sola. Bayan ya yi aure ya sayo na'urar gem ta hannu daga Katsina, irin wadda ake jonawa da talabijin a riƙe fad ana dannawa. Duk gidanmu ba wanda ya kai ni yi masa faɗa a kanta, kullum sai na ce masa magidanci guda har da ɗiya ya zauna gaban talabijin yana ihu kamar yaro. Shi kuwa ba ya fushi, dariya kawai yake yi ya miƙo min fad ya ce, "Yaya zauna in zuba maka biyar, mu ga ko za ka iya tashi." Ban taɓa karɓa ba ko sau ɗaya.

Damina biyu ke nan da Allah ya karɓi abinsa. Ya je aiki Dudunni, a hanyar dawowa ya yi hatsari a kan babur, ko asibiti ba a kai da shi ba, wayarsa ma ba a gan ta ba har yau. Ya bar matarsa Sa'adatu da ɗiyarsu Hibba, lokacin shekararta ɗaya da rabi. Da Sa'adatu ta fita takaba za ta koma gidan iyayenta a Bauranya, aka zauna kan kayansa, mahaifinmu ya ce a sayar da gem ɗin tunda ba shi da amfani ga kowa. Sai Sa'adatu, wadda tun da aka fara zaman ba ta ɗaga kai ba, ta roƙa a bar shi cikin rabon Hibba kada a sayar, ta ce gidansu babu wuta, a ba Yaya ya ajiye, don shi ne ta san ba zai taɓa shi ba. Har aka ɗan yi murmushi a wurin duk da halin da ake ciki, saboda kowa ya san ni da gem. Malam, wato mahaifin namu, ya dube ni ya ce kayan marainiya ne, in riƙe da kyau. Na ce in sha Allahu.

Wata bakwai yana cikin kwalinsa a kan wadirof. Da aka yi dogon hutu sai zuciya ta ce min ai kayan wuta idan suka daɗe ba a kunna ba lalacewa suke, bari in gwada shi minti biyar in mayar. Wallahi 'yan uwa daga wannan minti biyar ɗin ban sake mayar da shi kwali ba sai da na yi ɓarna. Na fara da ƙwallo, na koma na tseren mota, har ya zama ina dawowa daga makaranta ina cin abinci zan tura ƙofar falo in zauna sai an kira La'asar. Matata ta yi min magana sau biyu, ta ce ka tuna fa ba naka ba ne, na ce mata ai gara a riƙa kunna shi, don amfanin yarinyar nake yi. Akwai abokin aikina Kabiru, shi ya daɗe da iyawa, da ya gano akwai gem a wurina sai ya zama duk Asabar yana gidana.

Wata Asabar, wata biyu da suka wuce, Kabiru ya zo da sabon gem ɗin ƙwallo a cikin wata ma'ajiya kamar babban filash. Muka jona, na'ura ta ƙi karɓa, ta rubuta babu isasshen wuri. Kabiru ya shiga ya nuna min inda ake ganin abin da ya cinye memori, ga gem uku a gefe, ga kuma wani wuri na bidiyoyin da aka ɗauka ana cikin wasa. Ya ce in cire ɗaya daga cikin gem ɗin, ai ko yaushe ana iya mayarwa, shi zai kai iyalinsa unguwa ya dawo. Ya fita ya bar ni ni kaɗai. Na duba gem ukun, kowanne ina so, na motar ma na yi nisa sosai a ciki, sai idona ya koma kan bidiyoyin, sun fi ɗari, kuma su suka kwashe wuri mai yawa. Duk hoton filin ƙwallo ne a jikinsu. Na buɗe ɗaya.

A nan ne nake so ku ji da kyau, don ba zan iya cewa ban sani ba. Ina buɗewa na ji muryar Nura ta cika falon, yana cewa "kai kai kai, ta shiga wallahi!" yana wannan dariyar tasa mai kamar tari. Na yi sauri na rufe. Mai hankali da ya tashi ya je bakin kasuwa ya sayo filash ya kwashe su, tafiyar minti goma ce daga gidana. Ni sai na zauna ina ce wa kaina ai ihun ƙwallo ne kawai, wa zai nemi ihun ƙwallo, ga Kabiru zai dawo ya tarar ban yi komai ba. Na zaɓe su duka. Na'urar ma sai da ta tambaye ni ko na tabbata, na danna e. Ko minti ɗaya ba a yi ba wurin ya zama fayau. Har yanzu ban san ko don wuri na goge ba, ko don ba na son in sake jin muryar wanda na yi ta hantara a kan abin da ga ni zaune ina yi. Kabiru ya dawo muka sa sabon gem, na ci shi uku da ɗaya, har da tsallena.

Bayan sati uku aka yi suna a gidanmu na Kusada, Sa'adatu ta zo da Hibba, yarinya ta yi wayo tana surutu. Da zan tafi sai ta biyo ni bakin zaure ta durƙusa ta gaishe ni, ta ce, "Yaya dama wata alfarma nake nema. Yayana ya saya min waya mai wuri, ina so a ciro min bidiyoyin da ke cikin gem ɗin nan a sa min." Na ce wane bidiyo, kamar ban gane ba. Ta ce marigayi yana sa abin kunne mai makirfo idan yana wasa, to duk maganar da ake a ɗakin tana shiga, kuma na'urar tana da maɓallin da idan ka danna take ajiye mintocin da suka wuce. Ta ce yawancinsu ba don ƙwallon ya ajiye su ba. Akwai ranar da ya koya mata wasan ta ci gidansu ya yi ta dariya har ya faɗo daga kujera, akwai ranar da Hibba tana kan cinyarsa ta fara cewa Baba, ya yi wuf ya danna, yana kiranta daga kicin ta zo ta ji. Ta ce tsohuwar wayarta ta faɗa ruwa tun tana takaba, duk saƙonnin muryarsa sun tafi, yanzu kuma Hibba ta fara tambaya ina nata Baban, tunda tana ji 'ya'yan kawunta suna kiran nasu.

"Shi ya sa na hana a sayar, Yaya," in ji ta. "Kunya ce ta hana ni faɗi gaban Malam."

Ni kuwa da ƙasa za ta tsage da na shige. Amma abin da ya fito daga bakina shi ne, to babu damuwa, zan duba miki. Tun daga ranar ƙarya nake yi mata. Kira na farko na ce wayar jonawar ce ban gani ba, na biyu na ce mun kwana biyu babu wuta, na uku na ce yana wurin mai gyara. Wannan ta ukun ce kawai ke da ɗan ƙanshin gaskiya, don na ɗauke shi na kai Katsina wurin masu gyara har biyu. Dukansu magana ɗaya suka yi, wai irin wannan na'urar a kulle take ajiye kayanta, ba kamar waya ko kwamfuta ba, abin da aka goge ya tafi, balle ma an ɗora sabon gem a kai. Na biyun ya dube ni da gemuna da hulata ya ce, "Malam yaranka ne suka yi ɓarnar ko?" Na ce masa e. Kun ga har 'ya'yana na yi wa sharri.

Da na dawo na faɗa wa matata komai, mun yi faɗan da ba mu taɓa yi ba tun aurenmu. Ta ce ita ba gogewar ce ta fi ƙona mata rai ba, wannan kowa na iya yin wauta, ƙaryar da nake jera wa baiwar Allah tana can tana jira ce. Ni kuma don borin kunya na ce da ta san haka ne me ya hana ta ɓoye fad ɗin tun farko, ta kwana biyu ba ta yi min magana ba sai gaisuwa. Kabiru da ya ji ya girgiza sosai, ya ce laifinsa ne da ya kawo gem ɗin, sannan ya kawo shawarar in ce wuta ce ta zo da ƙarfi ta ƙone na'urar, har ya san wanda ke da matacciya irinta da za mu musanya a nuna. Ya ce ai hakan ya fi mata sauƙi, za ta ɗauka ƙaddara ce ta yi kuka ta haƙura, amma idan ta ji da hannuna na goge, ba za ta sake kallona da mutunci ba, kuma zumunci tsakanin Hibba da dangin ubanta zai iya taɓuwa. Ba zan ɓoye muku ba, kwana biyu ina juya wannan shawarar kuma ta kwanta min. Matata ce ta ce ranar da na yi haka, ranar za ta hau mota ta je Kusada ta faɗa wa Inna mahaifiyarmu gaskiya.

Na cire sabon gem ɗin, na mayar da na'urar kwali, ban sake taɓawa ba. Na bi abokan Nura ɗaya bayan ɗaya ina roƙon duk wanda ke da saƙon muryarsa ya turo min, na samu guda huɗu, uku yana maganar batir da faifan sola, ɗaya yana cewa gani nan a hanya. Babu dariyarsa a ciki, babu Hibba. A Islamiyya satin da ya wuce darasinmu ya zo kan amana, na tsaya gaban allo yara suna kallona na kasa, sai na ce su buɗe tilawa. Ranar Juma'a kuma na je gaida Malam, yana ba wani baƙo labarina ina zaune, wai a cikin ɗiyansa ni ne idan ya ba ajiya yake barci da ido biyu rufe. Bai ma san na taɓa riƙe fad ba.

Jiya da safe Sa'adatu ta sake kira. Ta ce ranar Asabar za su shigo Kankia ita da Hibba wurin gwaggonta, za ta biyo da wayar. Sannan ta ce, "Yaya na san ina ta wahalar da kai, ka yi haƙuri. Idan ciro su duka ne ke da wuya a bar sauran, guda ɗaya tak nake so, na ranar da ta ce Baba."

Na ce Allah ya kai mu, na kashe wayar.

'Yan uwa me zan yi? In faɗa mata gaskiya duka, har da cewa na ji muryarsa kafin in danna, ko in tsaya a kan na goge ban san muhimmancinsu ba? In fara zuwa wurin Malam in tona wa kaina asiri ya yi min jagora, ko wannan magana ce tsakanina da ita kawai, kada in ƙara wa tsoho da Inna wani ciwon? Waɗannan saƙonni huɗun in ba ta, ko zai zama kamar raini? Idan akwai masanin waɗannan na'urori da ya san wata hanya da masu gyaran ba su sani ba, ya taimaka ya bi ta wurin admin, ko Kano ne zan kai. Malaman cikinmu kuma ku faɗa min, hakkin marainiya irin wannan da ba a iya sayo wani a mayar, da me ake biyansa?

Wanda zai zage ni ya zaga, na cancanta, amma don Allah bayan zagin ya bar min shawara. Yau Laraba, kuma har yanzu ban san da wace kalma zan fara ba idan ta yi sallama a ƙofar gidana riƙe da hannun yarinyar.