Alkama a cikin tuwona

Garin Barmu, daren Laraba, sha ɗaya ga watan Rajab.

Mun dawo daga asibitin Tawa. Lokotoro ya ce jinina ya nuna cutar. Wai in alkama ta shiga cikina, masu gadin jikina sai su juya su ci hanjina.

Na ce mishi tun bara na bar burodi da taliya, ina jinin ya ga alkama? Sai ya dubi ɗana Isuhu. Isuhu ya dubi ƙasa.

Ashe tun zuwanmu na farko, da aka ce awon ba ya nuna komi sai mutum na cin alkama, na rantse ba zan koma mata ba, Isuhu da matarshi Hadiza suka shirya. Ta riƙa zuba garin alkama cikin tuwon gerona. Ni ko ina zawo, ina ramewa, na ɗauka tafiyar ce ta zo. Har na tara dattawa na faɗa musu sunayen kakanni da iyakokin gonaki, don kada in tafi da su. Isuhu na nan zaune yana zuba musu shayi.

Yau a mota muna dawowa ya ce, "Baba, da na tambaye ka, da ka ƙi."

Gaskiya ne, da na ƙi. Amma cikin nawa ne.

Saura a asibitin su zura igiya ta bakina su ɗebo ɗan naman hanji, kuma sai na ci gaba da cin alkamar kafin nan. Zan ci. Gobe ni da kaina zan sayo burodin. Tuwon Hadiza ya koma da murfinshi.