Farantin Baban Reinhold

Munich, Nuwamba 1954

Irmtraud ƙanwata,

Tun kafin gaisuwa ina ja miki kunne: kada ki ƙara kiran aikin ɗana Reinhold shashanci, ko da yake a bakina kika fara ji. Ya tarin mijinki, ya yara? Mu lafiya lau. Gawayin ɗumama ɗaki ba ya kai mu ƙarshen wata, amma gwiwoyina sun fara sabawa da sanyin.

Ranar Lahadi ya ja ni sinima, na ga fim ɗin da ya rubuta. Labarin wata ce da aka kora daga ƙauyensu kamar mu, kullum tana ajiye farantin mijinta da bai dawo daga yaƙi ba. Farantina ne, Irmtraud! Daga teburina yaron nan ya ɗauko. Sai dai ita, a ƙarshe mijin ya ƙwanƙwasa ƙofa. Matan da ke layin kujerunmu kuka kawai suke yi.

Muna fita na tsare shi. "Kai, ba ka jin kunyar ƙarya? Ubanka ya dawo ne?"

Ya ce, "Mama, shekara da shekaru kina dafa wa mutumin nan dankali. Na ce bari dai sau ɗaya ya zo ya ci."



In kin samu hali ki saƙo mini safar ulu. Allah ya raya yaran. Nan kuwa na kafa doka: farantin ba mai taɓa shi, kuma in tafiretar Reinhold tana ƙara, ba mai magana a ɗakin nan, har ni.

Yayarki,
Hedwig