Goran Ƙirji

Ƙasar Amo, ƙarƙashin gulbi

Zuwa ga ƙanena Sirajo,

Assalamu alaikum. Ina gaishe ka, ina gaida Inna da mutanen Argungu.

Yau shekara ɗaya da wata bakwai rabona da gida, tun ranar da jirgin manoman shinkafa ya kife da mutum goma sha ɗaya na nutsa bin su. Na samu tara da rai. Wagga takarda na sa ta cikin buta na toshe da danƙo, in Allah ya so za ta taso a gulbin Matan Fada kamar sauran.

Ka sha tambayata yadda wurin yake. Nan babu ƙasa sai abin da kunka faɗa a sama. Dakan mata shi ke zama tudu. Kiran salla fili ne mai faɗi, nan muke hutawa. Faɗan kasuwa ƙaya, injin ban ruwa laka. Inda kunka yi shiru, rami ne, kuma ba ya da gindi.

Goran Baba na nan a ƙirjina. Fatar giwan ruwa da aka rufe bakinsa da ita ta fara laushi, amma ƙayar kifin da ke ciki tana aiki. In wani na gida ya kira sunana a bakin gulbi, sai ta soke ni ta gefen da hanya take. Ƙirjina duk miki ne, ban damu ba.

Ga abin da ya dame ni. Da, ran Juma'a kaɗai kake kira. Yanzu kullum ne, amma tafiya muke ba mu isa ko'ina. Mi ya faru?

Yayanka,
Hodi

*

Nasarawa, Birnin Kebbi
9 ga Maris, 1993

Zuwa ga Yaya Hodi,

Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri, takardarka ta same ni ta hannun maƙwabcinmu Abu.

Yaya, tun da aka ba mu jiha aka ɗauke ni aikin akawu a nan Birnin Kebbi. Ma'aikata kaɗan ne, fayil ya fi ƙarfinmu, zuwa Argungu duk Juma'a ya gagara. Sai na yi dabara. Na ɗauki muryata a kaset ina kiran sunanka, na bar wa Abu rikoda da batir, yana kunnawa a bakin gulbi kullum bayan la'asar. Ka ga kira bakwai ke nan a mako maimakon ɗaya.

Inna lafiya lau. Kullum sai ta tambayi labarin "wancan na cikin ruwa".

Ka huta lafiya.
Ƙanenka, Sirajo

*

Sirajo,

Salamu alaikum. Gaisuwata gajera ce yau.

To, yanzu na gane tarin. Duk kira sai ka yi tari bayan na biyu, kuma duk inda tarin ya faɗi akwai wani dutse mai tsaga. Sau sittin da wani abu muna wuce dutsen nan. Muryar da ba ta canzawa hanya ɗaya take shimfiɗawa, ta kewayo ta ciji wutsiyarta. Wata biyar muna zagaye.

Tamba, ɗaya daga cikin manoman, shi ya fara lura. Ya ce, "Hodi, ko goranka ya haukace, ko ƙanenka." Na ce ya rufe min baki, ɗan'uwana ba ya wasa da ni. Da safe ya bar hanya, shi da mutum biyu, sunka nufi inda suke jin gabas ne. Muna kallo sunka taka shiru, ramin ya haɗiye su.

Ba zan ce ka yi mugunta ba. Kai ke ciyar da gidan da ya kamata in ciyar, kuma aikin gwamnati ba ya jiran masunci. Amma da ka tambaye ni.

Ka fasa kaset ɗin. Kai ma kada ka sake kira, muryarka ta riga ta shata waccan hanyar, ko da bakinka ka kira cikin zagayen za mu koma. Sai wata murya ta gidanmu, kuma mu uku munka rage. Na san abin da nake roƙo. Shekara arba'in da ɗaya Inna ba ta kama sunana ba, ɗan fari ne ni. Ka gaya mata ba don ni ba ne. Akwai mutum shida a bayana, har da Adawiyya ɗiyar Abdussamadu, wadda ta bar jinjiri a gida.

Hodi

*

Argungu
16 ga Afrilu, 1993

Yaya,

Bayan gaisuwa. Ban san da wane baki zan nemi gafara ba. Na je gidan su Tamba na faɗi gaskiya.

Na karanta wa Inna takardarka. Ta ce, "Ni in tsaya gaban masunta in kama sunan? Uwata ba ta yi ba, kakata ba ta yi ba."

Na ce, "Inna, rayuka ne."

Ta ce, "Ai ya san muryata. In na ce wancan, wa nake nufi in ba shi ba?"

Juma'a uku tana zuwa bakin gulbi tana cewa, "Kai wancan, fito haka nan." Na ce mata goran suna yake ji. Ta ce goran ba ya da tarbiyya.

Yau ta sa na kori kowa daga bakin ruwa, ni ma ta ce in juya baya in toshe kunne. Ban toshe sosai ba. Ta faɗa sau ɗaya, can ƙasa-ƙasa. Ta ja mayafi ta rufe fuska har gida, ba ta ci abinci ba.

Ya isa, ko a sake?

Sirajo

*

Sirajo,

Salamu alaikum. Na ji ta.

Hanyar ta buɗe siririya kamar yadda ta faɗa, faɗin ƙafa ɗaya. Mai gora shi ke tsayawa a gindi ya riƙe ta, don haka na tura su gaba. Dattawa biyu sunka ƙi hawa, sun ce ƙafarsu ba ta iyawa. Ana cikin hawa fatar goran ta fashe, hanya ta rufe a gabana.

Kada ka sa Inna ta sake, babu abin da zai ji ta yanzu. Ka ce mata ban san haka sunana yake ba.

Ku duba bakin Matan Fada da tufafi busassu. Goma sha ɗaya sunka nutse. Biyu na tarar sun cika, uku sun faɗa shiru, biyu na nan tare da ni. Huɗu na fitar: Adawiyya, Laure, Usmanu da Munzali.

Ka gaida gida.
Hodi