Motar Samed Ta Ƙi Durƙusawa

Akwatialine,
Kumasi.

Zuwa ga ƙanena Abdul-Samed,

Assalamu alaikum wa rahmatullahi wa barakatuhu. Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri, ina roƙon Allah Ya sa takardar nan ta same ka cikin ƙoshin lafiya, kai da Nasiba da yara, Ya kuma sassauta muku sanyin Jamus da kake ta kuka da shi. Mu nan sai godiya. Mma tana nan da sauƙi, gwiwoyin ne dai kamar yadda ka sani, wata rana su bar ta ta zaga gida, wata rana su zaunar da ita. Matata Ayishatu ta koma sayar da kokonta a bakin layi, ciwon bayan ya sake ta. Ruwa kuwa bana ya yi mana yawa, har kwatar bayan gida ta cika ta shigo mana tsakar gida, amma mun gyara. Na zaɓi in rubuto in ba Issifu da zai taho can ya kawo maka hannu da hannu, domin a waya ba a barina in yi magana da kai. Da ka kira, kafin in gama amsa sallamarka Mma ta miƙo hannu, ni kuma in koma mai riƙe mata caja.

Maganar motarka ce ta sa na zauna rubutu. Na ce motarka domin haka kowa yake kiranta, ko da yake Mma ka aiko wa, ni kuma nake tuƙa ta, nake canza mata mai, nake tashi in duba ta in an yi iska. Tun ranar da na ɗauko ta daga tashar jirgin ruwa ta Tema na shigo da ita layinmu, mata suka fito suna guɗa, Mma ta tashi daga Mma ta koma uwar boga, uwar mai zaman Turai. Abin da ya fi tafiya da hankalin mutane shi ne maɓallin nan da ake dannawa motar ta sauko ƙasa a hankali, Mma ta sa ƙafa ta shiga ba tare da an taɓa ta ba. Gwaggo Safiatu har cewa ta yi ko ƙarfe ya san ɗan albarka ne ya aiko shi, shi ya sa yake durƙusa wa uwarsa. Ina tsaye a wurin da makulli a hannuna. Samed, shekara da shekaru ni nake ɗaga Mma da hannuwan nan nawa in saka ta a tasi, in kai ta asibiti, in zauna a benci har a gama gasa mata gwiwa, ban taɓa jin an yi mini guɗa ba. Ba zan ɓoye maka ba, abin ya ci mini rai, har yanzu ma yana ci. Kai ka aiko mota sau ɗaya ka zama ɗan albarka, ni da nake nan kullum na zama direban ɗan albarka.

To, ranar sunan jikan Alhaji Mukhtari a Tafo abin ya faru. Ka san hanyar nan bayan ruwa, rami ne a kan rami. Muna cikin tafiya wata fitila ta kama a gaban sitiyari, na ji bayan motar yana tashi, musamman gefen hagu, har ta karkace. Da muka isa na danna maɓallin, shiru. Na kashe na tayar, na sake dannawa, ta tsaya ƙerere ta ƙi saukowa. Ga mata cike da ƙofar gida sun fito ganin motar da take durƙusawa, ga Mma a ciki ƙafarta ba ta kai ƙasa. Dole aka aro kujerar tsakar gida aka ajiye mata, kujerar ta goce, da ban tare ta ba da ta faɗi a gaban jama'a. Na ɗauke ta cak kamar yadda na saba, amma wannan karon ba ta ce mini sannu ba. Har muka dawo gida fuskarta tana kallon taga. Kafin gari ya waye magana ta zaga Akwatialine, wai mota ta ratso teku lafiya lau, sai da ta shiga hannuna, ni Amidu, ta lalace. Wasu suka ƙara gishiri, wai da gangan na taɓa wani abu don baƙin cikin ƙanena. Ayishatu a wurin kokonta ta ji, ta dawo gida tana hawaye. Baƙin cikin dai akwai shi, na gaya maka, amma ni ban taɓa cutar da mota ba tun da na fara riƙe sufana, balle wadda uwata take shiga.

Sai kuma ga kiranka. Ina zaune kusa, muryarka tana fitowa sarai, na ji ka ce wa Mma kada a bari mutanen Magazin, unguwar makanikai, su sa mata hannu, a ɗora ta a babbar mota a kai Accra wurin waɗanda suka san irinta. Samed, su wane ne mutanen Magazin? Ni ne. A Magazin ɗin nan kake zuwa bayan makaranta kana cin wake da shinkafa a kan bencina. Abin da ya fi yi mini ciwo shi ne Mma ta ce to, ta juyo ta ce in ajiye makullin a kan talabijin har a sami mai kai ta. Na san in motar nan ta tafi Accra ta dawo a gyare, magana ta tabbata ke nan, ni na ɓata, wasu suka gyara, kuma ba zan sake ɗaga kai a layinmu ba. Na roƙe ta ta bar mini ita zuwa Juma'a, in na kasa in miƙa makullin da hannuna. Da ƙyar ta ce in je.

Bari in gaya maka yadda na bi ta, don ka san ba da ka na yi ba. Motar nan ba a kan sifirin ƙarfe take zaune ba, a kan jakunkunan iska take, kowace taya da tata, da injin da yake hura su. Da fari na zaci ɗaya ce ta huje, sai na kaɗa ruwan sabulu na shafe su duka da bututunsu ina neman kumfa, ban ga ko ɗaya ba. Na kwana da ita a gareji, da safe na auna tsayinta daga ƙasa zuwa bakin kowace taya, ba ta sauka ko kaɗan ba, ka ga ba yoyo ke nan. Injin hurawar ma na saurare shi, lafiyarsa ƙalau, sai dai yana aiki fiye da kima. Daga nan na ce lallai wani ne yake yi wa kwamfutar motar ƙarya. Kusa da kowace taya akwai ɗan abu da ake kira sensa, yana da siririn hannu da yake haɗe da ƙafar motar, shi yake gaya wa kwamfuta ko gefen nan ya yi sama ko ya yi ƙasa. Na aro na'urar gwaji wurin abokina Abdul-Manan na jona. Muka riƙa danna kowace kusurwa muna saki, lambobin sauran ukun suna motsi, na baya hagu ya kafe wuri ɗaya, yana ta cewa gefensa a ƙasa yake. Shi ya sa motar ta yi ta hura wa gefen iska, da ta ga abin ya ƙi daidaita sai ta kulle kanta ta daina amsa maɓalli.

Na hau da ita kan ramin gareji, na cire tayar, na haska fitila. Samed, ka san abin da na gani? Laya. Laya ce sabuwa, an ɗinke ta da jar fata, an ɗaure ta tam da wayar ƙarfe a jikin hannun sensan. Ramukan Tafo sun sa wayar ta maƙale a ƙarfen da ke kusa, ta lanƙwasa hannun, ta tsaga jikin sensan, ruwa da laka suka shige ciki. Abdul-Manan ya yi dariya har da riƙe ciki, ni kuwa ban ga abin dariya ba. Mutum ɗaya ne yake shiga ƙarƙashin motar nan ban da ni, wato Osmanu mai wankin mota na bakin Race Course. Na same shi, bai ma yi gardama ba. Ya ce Mma ce ta aika aka kira shi, ta ba shi, ta ce ya ɗaure a inda ido ba zai gani ba, kuma kada ya gaya mini. Shi kuma da ya kwanta ya laluba, siririn ƙarfen nan ne ya fi masa sauƙin ɗauri. Na juyo raina a ɓace fiye da yadda na je. Na ce wato har ƙarfenka ma an yi masa laya don kada baki ya kama shi, ni da nake da jini da tsoka ko tofi ban samu ba.

Gyaran kansa bai ba ni wuya ba, neman kayan ne ya gajiyar da ni. Na zaga masu kayan tsofaffin motocin Turai har ƙafata ta yi zafi. Wanda na fara samu na dama ne, mai shagon yana ta rantsuwa wai duk ɗaya ne, na ce masa ba ɗaya ba ne, hannun kowanne da gefen da yake kallo. Da na sami na hagun na gwada shi a na'ura tun kafin in ɗaura, na ga lambar tana bin hannun sumul. Na cire batir, na kwance tsohon, na wanke bakin wayar da laka ta shiga, na ɗaura sabon. Saura a koya wa kwamfuta tsayin gaskiya, wannan kuwa sai a ƙasa mai daidai, ka kuwa san a unguwarmu ko tabarma ba ta kwanciya daidai. Sai da na roƙi wani mai gidan mai ya bar ni na tsaya a kan simintinsa, na auna kowace kusurwa na shigar. Da na danna maɓallin na ji ta yi ajiyar zuciya ta sauko, wallahi sai da na zauna a kan dakali na ɗan huta.

Ranar Juma'a da hantsi na kawo ta ƙofar gida, amma ban yi oda ba. Na shiga ɗakin Mma na ajiye mata tsohon sensan da layar a kan darduma. Allah Ya yafe mini, muryata ta ɗan tashi. Na ce ga abin da ya lalata motar, layar da ta yi wa motar ɗanta ce, amma ni aka zaga a gari, ita kuma tana ji ta yi shiru. Ta ɗauki layar ta juya ta, ta share mata laka da bakin mayafinta. Ta ce ita ba ta san layar ce ta jawo ba, da ta sani da ta fita layi ta faɗa da bakinta. Sannan ta dube ni ta ce wane ne ya gaya mini don mota ta yi. Ta ce mota ƙarfe ce, in ta mutu ka aiko wata, kai kuma kana can inda idon mutanen Zongo ba ya kai wa. Wanda ake gani kullum a bayan sitiyari, ana nuna shi da baki, shi take jin tsoro a kansa, kuma da sunana malamin ya rubuta. Ta ce ta ɓoye mini ne don ta san halina, zan ce ba na so. Shirun da ta yi daga Tafo kuma, wai kunya ce ta kama ta, ganin furfura ta fara fito mini amma har yanzu ni nake ɗaukarta a gaban mutane. Na ɗauki sensan da ya mutu, na tsaya ina ta juya shi a hannuna kamar yau na fara ganinsa.

Da za mu masallaci motar ta durƙusa mata a gaban kowa, ta shiga da ƙafarta. Kafin in rufe ƙofa ta leƙo ta gaya wa Gwaggo Safiatu da ƙarfi cewa ita ce ta sa aka ɗaura abin da ya ɓata motar, Amidu kuma ya gyara. Gwaggo ta ce ai dama ta faɗa, motar Samed ba ta lalacewa haka kawai. Ka ji fa, ko a nan ma kai ka ci. Makullin dai yana aljihuna, ba kuma za a kai ta Accra ba. In ka kira, ka ce a ba ni wayar tukuna, kuma kada in sake jin mutanen Magazin a bakinka.

Ka gaishe mini da Nasiba da kyau, ka ce Ayishatu ta gode da man shafawar. Ka shafa mini kan Rashid da Hikma, ka riƙa yi musu Hausa a gida don kada su zo su tsaya suna kallon kakarsu. Gwaggo Safiatu tana gaishe ka, kullum ma tana gaishe ka. Abdul-Manan da Alhaji Mukhtari sun ce a miƙa gaisuwa. Mma ta sa maka albarka, ta ce ka riƙa rufe ƙirjinka. Layar tana nan, na ɗaure ta da zare a ƙarƙashin kujerar direba, inda ba za ta taɓa komai ba sai ni. In kai ma Mma ta ba ka irinta tun lokacin da za ka tafi Jamus, don Allah ka riƙe a cikinka, kada ka gaya mini.

Allah Ya sada mu da alheri. Wassalam.

Ni ne yayanka,
Amidu