Takardar da Ban Sa wa Hannu Ba

Maamobi, Accra

Zuwa ga Yayata Hajiya Zenabu,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan wannan wasiƙa za ta same ki lafiya, ke da maigida da yara. Allah Ya ƙara miki sauƙin ciwon ƙafar nan, don na ji an ce sanyin Hamburg na bana ya tayar da shi. Mu nan lafiya lau, alhamdu lillahi. Mai ɗakina Sahada tana nan da kokonta da ƙosai a bakin titi, ni ma keken ɗinki bai huta ba. Na ba Tajudeen, wanda zai zo wajenku, wasiƙar ya kawo miki da hannu, don maganar da ke cikina ta fi ƙarfin waya.

Maganar 'yata ce, 'yarki Mubarika. Kin san tun tana sakandare ta shiga wasan hoki, wanda ake kora 'yar ƙwallo mai tauri da sanda mai lanƙwasa. Da farko ban hana ta ba. Ni da kaina na ɗinka mata dogon wandon da take sawa ƙarƙashin siket, da ƙaramin hijabi wanda ba ya zamewa in tana gudu. Shekara uku da suka wuce, tana da sha bakwai, mai horar da su, Madam Zelia, ta biyo trotro, motar hayarmu ta nan, har shagona da takarda. Ta ce an zaɓi Mubarika cikin 'yan matan da za su wakilci ƙasa a wata gasa a waje, sai dai yarinya ce, dole uba ya sa hannu kafin a yi mata fasfo. Na ce ta ba ni kwana biyu. Kin tuna kin kira ni a makon kin ce in bar ta ta tafi, na ce miki to.

Ban sa hannun ba, Yaya. Na kai maganar wurin da muke shan shayin ataya bayan la'asar, kowa ya tofa. Wani ya ce 'ya mace da jirgi ba uba ba uwa, wani ya ce hotonta zai cika wayoyin unguwar Nima. Ba wanda ya taɓa ganin wasan a cikinsu, har da ni. Na dawo na naɗe takardar na tura cikin durowar keke, ƙarƙashin zare. Mubarika ta tambaye ni sau biyu, daga nan ta daina. Da wa'adi ya wuce na ce mata mantawa na yi, ke ma haka na faɗa miki. Ƙarya na yi muku ku biyu. Yarinyar da aka ɗauka a madadinta yanzu tana buga wa wata ƙungiyar ma'aikatan gwamnati, da aikinta a hannu.

Mubarika kuwa ba ta ajiye sanda ba. Ta shiga wata ƙaramar ƙungiya, tana taya uwarta dama koko da safe, sannan ta kama mota zuwa filin da ke kusa da Tema Station. Watan jiya Sahada ta matsa mini, na rufe shago na je kallon wasanta, karo na farko. Yaya, ban gane 'yata ba. Yarinyar da ba a jin muryarta a gida ita ce a tsakiyar fili tana ba kowa umarni. Takan duƙa ta zare ƙwallo daga sandar wata kamar ana zare ƙaya, kafin a waiga ta wuce mutum uku. 'Yan kallo ba su kai hamsin ba, amma duk sanda ta taɓa ƙwallo sai su kira sunan unguwarmu. An ce abin da babba ya hango yaro ko ya hau rimi ba zai hango ba. Ranar na ga babban ma in ya ƙi tashi daga benci ba ya hango komai.

A hanyar dawowa, muna zaune a trotro, Mubarika ta ce mini wasanta na ƙarshe ke nan. Shekarunta sun kusa wuce na matasa, ƙungiyar ma za ta watse, gara ta zauna ta kama sana'ar uwarta. Na fara ba ta haƙuri a kan mantuwar da na yi. Sai ta ce, ba tare da ta dube ni ba, tun a makon ta ga takardar, ranar da na aike ta ta ɗauko baƙin zare. Ta mayar da ita yadda ta same ta, don ba ta son ta kunyata ni. Shekara uku tana kawo mini abinci shago da wannan a cikinta.

Ga abin da nake roƙo. Madam Zelia ta sake zuwa, ta ce za a yi gwajin shiga ƙungiyar manya ta ƙasa a watan Janairu, kuma tana ganin Mubarika za ta iya. Na yi wa Mubarika maganar, ta ce to, irin to ɗin da na ce miki. Yanzu ba ta buƙatar sa hannuna, kuma bakina ya mutu a wannan zance. Ke take jin maganarki. Ki kira ta, ki ce ta je. In ta ƙi kada ki tilasta mata, an riga an yanke mata hukunci sau ɗaya ba da saninta ba. Ki kuma yafe mini ƙaryar da na yi miki.

Ki gaishe mini da maigida Alhaji Imoro, da Shamsudeen da amaryarsa, da 'yar auta Nadia. Sahada tana gaishe ki ƙwarai. Allah Ya haɗa fuskokinmu da alheri.

Ƙaninki,
Zuberu